Waƙoƙin Kanada da karin harshe: ƙauna ce Drummond ya yi wa manoman Kebek ko izgili?

Alƙalamin Gwale:
Assalamu alaikum jama'a. Tambaya ce da ni ga waɗanda suka karanci adabin Turanci, da kuma 'yan'uwanmu mazauna Kanada. A 1897 wani likita a birnin Montiriyal, William Henry Drummond, haifaffen ƙasar Ayalan, ya fitar da littafin waƙoƙi mai suna The Habitant. Waƙoƙin ya sa su ne a bakin manoman Kebek masu jin Faransanci, suna ta fama da karyayyen Turanci. Littafin ya yi kasuwa ƙwarai, har yara suka riƙa haddace shi a makarantu. A daidai wannan lokaci manyan sha'iran ƙasar, irin su Charles G. D. Roberts da Bliss Carman da Archibald Lampman, suna rubutu da Turancin Ingila tsantsa, wanda in aka rufe sunan mai shi ba ka gane daga ina yake sai ka ci karo da sunan wani kogi. Me ya sa karin harshen da ya fi shahara a waƙar Kanada ta wancan zamani ya zama na aro, ba na marubucin ba? Kuma Drummond ɗin nan, ƙaunar mutanen yake yi ko dariya yake musu?

Baba Tsohon Hedimasta:
Wa alaikumus salam ɗana. Kafin a shiga gardama, a sani cewa Drummond ba shi ya fara ba. Akwai Alexander McLachlan, tela ne da ya yi ƙaura daga Sikotlan zuwa Ontariyo, ya yi waƙoƙi da karin Turancin mutanensa tun wajen 1860, har ana kwatanta shi da Robert Burns, shahararren sha'irin Sikotlan. Shi da bakinsa na gado ya yi. Amma wannan kari a jirgin ruwa aka zo da shi, ba a Kanada ya tsiro ba.

Su kuma su Roberts kada a yi saurin ganin laifinsu. Kanada ta haɗe ta zama ƙasa a 1867, su kuwa duk an haife su tsakanin 1860 da 1862. Da Roberts ya fitar da littafinsa na farko a 1880, Lampman yana ɗalibi a Toronto, ya kwana yana karanta shi don murna, wai ashe ɗan ƙasarsu ma zai iya waƙar da za ta tsaya kusa da ta Ingila. Burinsu ke nan, a ce sun iya. Wanda ke neman a yarda ya iya, ba ya zuwa gaban alƙalai da maganar kasuwa. Tun 1857 ma wani limamin coci, A. C. Geikie, ya yi lacca a Toronto inda ya kira Turancin Kanada gurɓataccen kari. Da wannan kunyar suka tashi.

Ɗan Maraɗi:
Baba, Allah ya ƙara lafiya. Ni ta ɓangaren Faransanci zan shigo, don a can na yi karatu. Abin da ke damuna da Drummond abu guda ne. Manomin Kebek in yana tuna ƙuruciyarsa, ko yana zance da matarsa, ko yana roƙon Allah, da wane harshe yake yi? Da Faransanci, kuma ba ya in'ina a ciki. Turanci sai in ya haɗu da mai sayen katako ko shugaban aiki. To Drummond ya ɗauki harshen da mutumin ya fi rauni a cikinsa, ya mayar da shi harshen zuciyarsa. Sai ka ga dattijo mai jikoki yana tunani kamar yaro ɗan shekara biyar. Ko da kyakkyawar niyya aka yi, an rage masa tsawo.

Sarkin Gardama:
Malam Ɗan Maraɗi, ka manta ko ka ɓoye? Wa ya rubuta gabatarwar littafin? Louis Fréchette ne, babban sha'irin Faransanci na Kebek a lokacin, wanda cibiyar harshen Faransanci ta Paris ta ba lambar yabo a 1880. Ya yaba wa Drummond, bai ga izgili ba. Mu da muka zo bayan shekara ɗari da ashirin, daga wata nahiya, mun fi shi sanin abin da ke cin mutuncin mutanensa ne? Kuma Drummond ya zauna cikin mutanen nan tun yana saurayi, yana aikin buga waya a wani ƙauye kusa da Montiriyal inda masu safarar katako ke yada zango. Da kunnensa ya ji maganar.

Ɗan Maraɗi:
Ban ɓoye ba yallaɓai. Fréchette lauya ne, tsohon ɗan majalisa, mutumin birni. Yabonsa bai zama yabon manomi ba. Kuma ka dubi abin da jikokin manoman suka yi da suka samu bakin magana. A 1968 Michèle Lalonde ta rubuta waƙar Speak White, sunan kuwa zagi ne da ake jefa wa mai Faransanci in ya yi harshensa a bainar jama'a, wato ya yi maganar fararen fata. Ta karanta ta a daren waƙoƙi na Montiriyal a 1970. A 1968 ɗin dai Michel Tremblay ya hau da wasan kwaikwayo dandali da karin Faransancin talakawan Montiriyal, wanda ake kira juwal, masu ilmi suka yi ta tsaki. Sun koma ga karin harshe, amma nasu, ba wanda wani ya ɗinka musu ba. A 1977 kuma Kebek ta kafa dokar da ta ɗora Faransanci a kan komai, daga makaranta har allon shago.

Maman Ikram:
Ni dai ban karanta Drummond ba, amma bayanin nan ya tuna min da masu barkwanci a finafinanmu da ke kwaikwayon Hausar Bafulatani ko ta Ibo. Mu muna dariya muna cewa ai wasa ne, akwai zumunci. Wani Bafulatanin ma yana tayawa. Amma ban taɓa ganin an ba wannan bakin rawar malami ko alƙali ba, kullum shi ne wanda aka damfara a tasha.

Baƙon St. John's:
Salamu alaikum. Ku yi haƙuri da jinkiri, agogonmu a nan St. John's, babban birnin Newfoundland a gabashin Kanada, daban yake, har da rabin awa a cikin bambancin, abin da ba ka samu a sauran Kanada.

Ina so in gyara wani zato da na ga yana yawo a ƙarƙashin maganar, wato kamar Kanada cike take da kare-karen Turanci irin na Ingila. Ba haka ba ne. Daga Ontariyo har Vancouver, tafiyar dubban kilomita, mutanen birni kusan da kari ɗaya suke magana. Dalili kuwa tarihi ne. Bayan Amurka ta ƙwaci 'yanci a 1783, dubban masu biyayya ga sarkin Ingila suka tsallako arewa, su suka kafa harsashin Turancin Ontariyo. Da aka shimfiɗa layin dogo zuwa yamma, aka gama a 1885, mutanen Ontariyo ne suka tafi da makarantunsu da malamansu, 'ya'yan baƙi daga Yukiren da Jamus da sauran wurare suka koya daga gare su. Shi ya sa in ka ji ɗan Toronto za ka ɗauka Ba'amurke ne, sai ya faɗi kalma irin "about" ko "house" ka ji wasalin ya ɗan ɗaga. Masanin harshe J. K. Chambers ne ya raɗa wa wannan ɗagawa suna a 1973.

Ainihin kare-karen suna gabas, bakin teku. Lunenburg a Nova Scotia, inda Jamusawa suka sauka a 1753. Tsibirin Cape Breton, inda harshen Gelik na Sikotlan ya daɗe a raye. Sai uwa uba nan Newfoundland. Mutanen nan kakanninsu masunta ne daga kudu maso yammacin Ingila, wajen Devon da Dorset, da kuma kudu maso gabashin Ayalan, wajen Waterford. Suka zauna a ƙananan ƙauyuka da ba a isa sai ta ruwa, ɗaruruwan shekaru, kowane lungu da bakinsa. Ba su shiga Kanada ba sai 1949. Har yau za ka ji dattijo ya ce "I knows", ya liƙa harafin s ga kowane mai aiki, ko ya ce "I'm after losing it" yana nufin yanzun nan ya batar da abin, ginin jimlar da aka ɗauko daga harshen Ayalan. Wani ƙauyen suna zubar da h inda take, su sa ta inda babu. Na shigo da takardar shaidar iya Turanci a hannuna, direban tasi ya yi min magana na ɗauka wani yare ne.

Alƙalamin Gwale:
Yaya Baƙo ka taɓo inda yake min ƙaiƙayi. To ai E. J. Pratt ɗan can ne, kuma shi ake ɗauka babban sha'irin Kanada na tsakiyar ƙarni na 20. Ya yi waƙa da wannan karin?

Baƙon St. John's:
Ina fa. An haife shi a Western Bay a 1882, ɗan limamin cocin Methodist ne, ya bar tsibirin a 1907 ya tafi Toronto, a can ya koyar har ya yi ritaya. Littafinsa na 1923 sunan Newfoundland yake ɗauke da shi, cike da teku da ƙanƙara da gawar masunta da ake kawowa gida. Ya yi doguwar waƙa kan nutsewar Titanic a 1935, wata kan gina layin dogo a 1952, ya ci kyautar Gwamna Janar, babbar kyautar adabi ta Kanada, har sau 3. Amma harshen na jami'a ne. Tekun na gida, bakin na Toronto.

Kuma ban ga laifinsa sosai ba. A zamaninsa, da ma bayansa, maganar Newfoundland abin barkwanci ce a sauran Kanada, akwai tarin labaran wauta da ake jingina wa mutanen tsibirin. Da ya rubuta da ita, da an ajiye shi a layin masu ban dariya, kusa da Drummond.

Abin da ya juya al'amarin, a ganina, ƙamus ne. A 1982 malamai uku, George Story da William Kirwin da John Widdowson, suka fitar da ƙamusun Turancin Newfoundland bayan aikin shekaru masu yawa, suna tattara kalmomi daga tsofaffin takardu da kuma faifan hirar da aka yi da tsofaffi a ƙauyuka. Mutum ya buɗe littafi mai kauri, bugun jami'a, ya ga kalmar da malamin firamare ya doke shi a kanta, ga tarihinta na shekara ɗari uku. Daga nan kunya ta fara sauka. A 2003 Mary Dalton, malama a jami'ar Memorial da ke nan St. John's, ta fitar da Merrybegot, gajerun waƙoƙi a bakin mutanen ƙauyukan bakin teku, da yawansu daga cikin ƙamusun nan ta tono su. Ba ta lalata rubutun kalmomi don a yi dariya. Kalmomin da tsarin jimlar ne na gida, kuma masu maganar suna da wayo da zafin baki, su ke yanka wasu.

Baba Tsohon Hedimasta:
Madalla da wannan bayani. In ƙara da cewa ko samarin Montiriyal da suka yi wa tsofaffin tawaye ba su koma ga bakin jama'a ba. F. R. Scott da A. J. M. Smith sun kafa mujallarsu a jami'ar McGill a 1925, Scott ya yi wata waƙar shaguɓe a 1927 yana zolayar taron marubutan Kanada, ana shan shayi ƙarƙashin hoton yariman Ingila. To amma me suka kawo? Sun sauke Tennyson, sha'irin Ingila na da, sun ɗauki T. S. Eliot, na zamani. Alƙibla dai Landan. Sai a wajen Al Purdy, wanda bai gama sakandare ba, ya yi aiki a masana'antar katifa, aka ji waƙa tana tafiya kamar hirar mutumin karkarar Ontariyo. Ya ci kyautar Gwamna Janar da littafinsa na 1965. Shi ma ba kari ba ne can can, sauƙin baki ne kawai.

Anti Malama:
Kun yi ta zagaye kun bar babban ramin. Ɗana Alƙalami ya lissafa sha'irai uku na zamanin haɗewar ƙasa, na huɗunsu shi ne Duncan Campbell Scott. Wannan bawan Allah ya yi waƙoƙi masu taushi kan 'yan asalin ƙasar, yana juyayin wai al'umma ce mai shuɗewa. Da rana kuma shi ne babban jami'in ma'aikatar da ke kula da su, daga 1913 zuwa 1932. A hannunsa aka gyara doka a 1920 aka tilasta kai 'ya'yansu makaranta, aka cika makarantun kwana da coci-coci ke gudanarwa, inda ake dukan yaro in ya yi harshen uwarsa. Yara wajen 150,000 suka bi ta makarantun nan kafin a rufe ta ƙarshe a shekarun 1990, da yawa ba su koma gida ba. Shi Scott yana kukan mutuwar abu da dare, da safe yana sa hannu a takardar kashe shi.

To Turancin da ya fito daga waɗannan makarantu da ƙauyukan da aka keɓe musu shi ma kari ne, kuma an yi waƙa da shi. Rita Joe, 'yar ƙabilar Mi'kmaq, wadda ta zauna a makarantar Shubenacadie, tana da gajeriyar waƙa kan yadda aka ƙwace mata maganarta, da Turanci mai sauƙi kamar na yarinya, da gangan. Louise Bernice Halfe, 'yar ƙabilar Cree, a littafinta na 1994 ta rubuta wasiƙu zuwa ga Fafaroma da Turancin tsofaffin matan ƙauyensu, tana karkatar da rubutun kalmomi yadda suke furtawa. A 2021 aka naɗa ta sha'irar majalisar dokokin Kanada. Maria Campbell kuma a 1995 ta rubuta labaran dattawan Métis, al'ummar da ta fito daga auratayyar Turawa da 'yan asalin ƙasar, da irin Turancin da suka ba ta su, ta ƙi gyarawa.

Sarkin Gardama:
Anti, da girmamawa, yanzu kika ba ni makami. Ki ɗauki shafi ɗaya na Drummond da shafi ɗaya na Halfe, ki goge sunaye. Duka biyu an rubuta "de" ko "da" a maimakon "the", duka biyu nahawun ya karkace. Mai karatu a Funtuwa da bai san tarihinsu ba, ta yaya zai gane wanne ne izgili wanne ne 'yanci? In sai an duba takardar haihuwar marubuci kafin a yanke wa waƙa hukunci, to ba waƙar ake karantawa ba. Kuma in muka bi wannan hanya, ba wanda zai sake sa magana a bakin wanda ba ƙabilarsa ba, adabi ya mutu.

Anti Malama:
Zai gane, ƙanina, in ya karanta har ƙasa. Ba ruwana da takardar haihuwa. Ka duba wa ake yi wa magana, kuma a kan wa dariyar take faɗawa. Manomin Drummond yana magana ne don mai karatu Bature ya ji daɗi, ya gamsu da ƙauyensa, ba ya neman komai, ba ya tuhumar kowa. In ka gama sai ka ce kai, mutanen kirki, ka rufe littafi hankalinka kwance. Tsohuwar Halfe kuwa shugaban cocin da ya riƙe makarantun take wa magana, tana neman gafara da bakin da ke tuhuma, har sunan muƙaminsa ta karkatar ya koma abin dariya. Karyayyen Turancin nata shi ne shaidar da ta kawo kotu: ga abin da kuka bar mana. Wannan yana cikin shafin, ba sai an gaya maka wace ce ta rubuta ba.

Sarkin Gardama:
Na karɓi rabin wannan. Amma kin mayar da ma'aunin ya zama fushi. Wato waƙar kari ba ta da daraja sai tana tuhumar wani? Manomi mai farin ciki da gonarsa ba ya wanzuwa?

Ɗan Maraɗi:
Yana wanzuwa, da Faransanci yake farin cikin.

Maman Ikram:
Ɗan Maraɗi ka kashe ni da dariya. Tambaya ta gefe: baƙaƙen fata fa? Na ji ana cewa akwai daɗaɗɗun iyalai a can, ba 'yan zuwan kwanan nan ba.

Baƙon St. John's:
Akwai su Maman Ikram, musamman a Nova Scotia, kuma labarinsu ya taɓo yankinmu. A 1783 Ingila ta kwaso baƙaƙen da suka mara mata baya a yaƙin Amurka ta sauke su a can, da alkawarin filaye. Aka ba su duwatsu, wasu ma ba a ba su komai ba. A 1792 kusan 1,200 daga cikinsu suka shiga jiragen ruwa zuwa Saliyo, su ne suka kafa Freetown. Waɗanda suka rage, da waɗanda suka zo bayan yaƙin 1812 tsakanin Ingila da Amurka, suka riƙe wani Turanci nasu a ƙauyuka irin su Preston, wanda masana ke nazari don gano yadda baƙaƙen Amurka ke magana a da. Unguwarsu ta Africville a Halifax hukumar birni ta rushe ta a shekarun 1960.

Sha'irinsu shi ne George Elliott Clarke, haifaffen 1960. Littafinsa Whylah Falls na 1990 ya haɗa wannan baki da salon wa'azin coci da waƙoƙin baƙaƙen Amurka, a wasu wuraren kuma ya hau Turanci mai ƙawa irin na Shakespeare, duk a bakin mutanen ƙauye ɗaya. Sarkin Gardama, ga amsarka a nan: akwai soyayya da girki da shagali a ciki, ba fushi kaɗai ba. Bambancin shi ne mutanensa suna da hawa da sauka, ba a kulle su a murya ɗaya ba.

A Toronto kuma akwai 'yan Karibiyan. Lillian Allen daga Jamaika tana yin waƙar baka a kan kiɗan rege da karin ƙasarsu, ta ci kyautar Juno ta mawaƙan Kanada da faifanta na 1986. Dionne Brand daga Tirinidad tana shiga karin garinsu ta fita a cikin baiti ɗaya.

Alƙalamin Gwale:
Ɗan Najeriya fa, akwai wanda ya shiga wannan fage?

Baƙon St. John's:
Akwai Tolu Oloruntoba, haifaffen Ibadan, likita ya karanta kafin ya yi ƙaura. Littafinsa na farko ya ci kyautar Gwamna Janar a 2021, ya ƙara da ta Griffin, wata babbar kyautar waƙa, a 2022. Amma kada ka je neman burokan a ciki, daidaitaccen Turanci ne mai nauyi.

Sarkin Gardama:
To kun gani. Shi ma ya bi hanyar Pratt, ba wanda ya ce ya ci amanar Ibadan. Ni har yanzu ina nan kan cewa Drummond ya ji wata magana da ba wanda ya damu ya rubuta, ya rubuta ta, kuma ba don shi ba da ba mu san yadda Turancin sansanin masu katako yake a kunne ba. Ku cire shi daga manhaja in kuna so, amma ku bar shi a ɗakin karatu.

Anti Malama:
Ba wanda ya ce a ƙona shi. Ni ma da zan koyar da wannan darasi da shi zan fara, in sa ɗalibai su karanta shi da ƙarfi, sannan in miƙa musu Lalonde a mako na biyu.

Baba Tsohon Hedimasta:
Baƙo, tambaya ta ƙarshe daga gare ni kafin in tafi masallaci. Karin nan na tsibirinku, yara suna yin sa, ko ya koma cikin ƙamus da waƙa kawai?

Baƙon St. John's:
Baba, ya danganta da inda ka tsaya. A 1992 gwamnatin tarayya ta hana kamun kifin kod saboda ya kusa ƙarewa a teku, dubun dubatar mutane suka rasa sana'a a lokaci guda. Ƙauyuka suka fara zama kufai, matasa suka tafi aikin mai a Alberta, wajen Fort McMurray. Kalmomin da suka shafi raga da shanya kifi da kwale-kwale sun tafi tare da aikin, yaro ba zai riƙe sunan kayan da bai taɓa gani ba. A cikin St. John's 'yan makaranta da yawa yanzu kusan kamar 'yan Toronto suke magana a aji. Amma lafazin da ginin jimlar suna nan, kuma na lura samari suna ƙara wa lafazin kauri da gangan in sun haɗu da junansu a Alberta, ko in suna son a san su 'yan ina ne. Abokin aikina yana magana da manaja da baki ɗaya, in mahaifiyarsa ta kira shi daga ƙauye ya koma wani, ni da ke kusa da shi sai in tsinci kalma ɗaya cikin uku.